Naman Alewa: Rajistar Girkin Daren Talata

Talata, 8 ga Afrilu, 2025

Na fara wannan rubutu ne don na san halina. In ban rubuta ba, mako mai zuwa zan maimaita kuskuren yau, in kuma rantse ban taɓa yin sa ba.

Tun da azumi ya wuce muka koma makaranta, daren Talata ya zame mini ƙarfen ƙafa. Ranar nake da darasin ɗakin gwaji da 'yan aji shida, ba na baro makaranta sai bayan La'asar, kafin in biya in kwaso yara in shigo gida rana ta yi ja. Daga sallar Magariba zuwa kiran Isha'i awa ɗaya ce da 'yan mintoci, kuma a cikinta nake so a girka, a ci, a kai kwanuka wurin wanke-wanke. Shinkafa da wake ta gaji da mu, mu ma mun gaji da ita.

Ƙanwata da ke karatu a Ingila ce ta jawo wannan aiki. Ta turo mini hoton wani nama mai ƙyalli da ta gani a gidan abokiyar karatunta, an soya shi da ƙashinsa, an lulluɓe shi da wani ruwan 'ya'yan itace mai danƙo. Ta ce su da naman alade suke yi, da tuffa ko wani ɗan itace mai zaƙi, kuma abinci ne na wanda ya dawo aiki a gajiye, don ba ya cin rabin awa. Naman dai ba namu ba ne, amma dabarar ba ta da addini. Mutanen Maroko, Musulmi 'yan'uwanmu, sun daɗe suna dafa rago da zabibi da zuma da kirfa. Na ce to, ga rago, ga mangwaro ya cika gari har ana tattaka shi a bakin titi.

Na gindaya wa kaina sharuɗɗa: kada ya wuce minti 40, kasko ɗaya, kayan haɗin duk a same su a Kano, kuma kowa a gidan ya ci ba tare da na tsaya lallashi ba.

Yau ko ɗaya ban cika ba. Na aiki yaro ya sayo haƙarƙari, mahauci ya sassara shi ƙanana yadda ake yi na farfesu. Na markaɗa mangwaro biyu da zuma cokali uku da sukari, na juye a kan naman, na zuba duka a kasko mai zafi. Minti huɗu ba a yi ba kicin ya turnuƙe. Waje baƙi ƙirin, ciki ɗanye sharaf, gindin kaskon kamar an zuba kwalta. Maigida ya leƙo yana fifita da hularsa, ya ce, "Lafiya dai, ko mu kira 'yan kwana-kwana?" Shayi da burodi muka sha.

Alhamis, 10 ga Afrilu

Kaskon ya kwana biyu a jiƙe kafin ya fita. Ina kankare shi ina jin kunya, don ni malamar kemistiri ce, kuma abin da ya faru ina koyar da shi da alli a allo.

Sukarin da muke sa wa shayi yana fara narkewa ya koma ja a wajen digiri 160. Zuma kuwa yawancin zaƙinta furuktos ne, shi tun a wajen digiri 110 yake fara canja launi. Kaskon da zai soya nama ya yi ja da ƙamshi yakan kai digiri 200 ko ya wuce. Ashe na ɗauki abin da ba ya jure zafi na jefa shi wutar da aka hura don wani. Sannan jan da nama ke yi da ƙamshin da ke tashi daga tukubar mai tsire, haɗuwa ce ta furotin da ɗan sukarin da ke jikin naman, wadda wani Bafaranshe, Louis-Camille Maillard, ya bayyana a 1912. Ba ta kankama sosai sai zafi ya haura digiri 140. Muddin akwai ruwa a jikin nama, zafin wurin ba zai wuce 100 ba sai ruwan ya ƙone. Ni kuwa na yi wa naman wanka da mangwaro. Ya tsaya yana turaruwa, zumar da ta taɓa ƙarfe tana ƙonewa.

Wato aiki biyu ne, kowanne da wutarsa. Nama tukuna, a bushe, a wuta mai ƙarfi. Zaƙi daga baya, an rage wuta.

Kuma ina neman sunan da zan riƙa kiran wannan ruwa mai danƙo. Ba miya ba ce, ba romo ba ne. Masu kilishi suna kiran haɗin da suke tsoma nama a ciki labu. Na ari sunan, su yafe mini.

Talata, 15 ga Afrilu

Ranar Asabar na je wurin mahaucin da kaina. Shekara wajen shida ina sayen nama a hannunsa, ban taɓa tsayawa na ce ga yadda nake so a yanka ba. Na nuna masa hoton a waya. Ya karɓa da bayan hannu don kada ya shafa mata kitse, ya ƙura ido.

"Hajiya, ai wannan gadon baya ne. Nan ne inda masu balangu suke rububi."

"To shi nake so, Malam. Amma kada a sassara. A bi tsakanin ƙashi da ƙashi, kowane yanka kaurin yatsa biyu."

"Da adda ba zai yi kyau ba, ƙashin zai tarwatse. Sai dai zarto."

Ya aika aka aro masa zarto a shagon gaba. Maƙwabtansa suka taru suna kallo kamar ana fiɗa a asibiti. Ya fitar mini da yanka takwas, kowanne da 'yar tsoka zagayayya, da zoben kitse a gefe, da ƙashi a matsayin mariƙi. Ya ƙara mini da shawarar da ban nema ba, kuma ita ce ta fi amfani: in dai suya ce ta minti kaɗan, in nemi matashin rago, irin 'yankasa ɗin nan da bai gama girma ba. Manyan balami da uda da ake kiwatawa don layya sun fi cika ido, amma tsohon rago namansa na tukunya ne, sai ya daɗe a wuta jijiyarsa take narkewa.

Yau na bi sabon tsari. Na goge naman da tsumma mai tsabta har ya bushe, gishiri da masoro, man gyaɗa cokali ɗaya, kasko har ya fara ɗan hayaƙi. Minti uku ban taɓa shi ba, ko da hannuna yana ƙaiƙayi. Da na juya, sai ga jan nan da nake nema. Na kwashe, na rage wuta, na zuba mangwaro da zuma, suka yi kauri, na mayar da naman na jujjuya.

Ido ya ƙoshi. Baki ne bai yarda ba. Zaƙin ya yi yawa har yana hawa kai, yanka ɗaya za ka ci ka nemi ruwa. Maigida ya tauna, ya tauna, ya ce, "Wannan nama ne ko alewa?" Yara suka kwashe da dariya, kuma su suka cinye nasa. Sunan ya zauna, yanzu a gidan nan naman alewa ake ce masa.

Minti 50, saboda fere mangwaro da tace zarensa.

Talata, 22 ga Afrilu

Tsamiya.

Abin ya faɗo mini ne ina dama wa ƙaramin kunu. Mu ai ba mu cika shan zaƙi tsurarsa ba. Kunun tsamiya, zoɓo, fura da nono, duk zaƙi ne da tsami suke riƙe da juna. Su ma waɗanda suka ƙirƙiro girkin nan, tuffar da suke sawa mai tsami ce, wasu kuma suna ɗiga ruwan khal. Ni na kwashi zaƙin na bar abokin tafiyarsa.

Na jiƙa tsamiya kamar girman ƙwai a rabin kofin ruwan zafi tun da na shigo, kafin in idar da sallah ta saki. Na tace. Mangwaro ɗaya maimakon biyu, zuma cokali ɗaya maimakon uku, sukari na kore shi gaba ɗaya. Na ƙara barkono kaɗan da tafarnuwa ƙwaya biyu.

Bambancin kamar dare da rana. Tsamin yana yanke maiƙon kitsen, zaƙin ya koma baya yana leƙowa. Maigida ya ci biyu bai ce komai ba, a wurinsa kuwa shiru yabo ne. Ni dai har yanzu ina jin akwai abin da ya ɓace a tsakiya, kamar miyar da ba a sa mata daddawa ba. Kuma naman ya ɗan yi tauri.

Mangwaro mai zare na daina saye don wannan aiki, yana cinye mini minti goma a rariya. Na sa direban makaranta ya biya 'Yan Lemo ya samo mini binta suga, mai tsoka, wanda cokali ma yana murƙushe shi.

Laraba, 30 ga Afrilu

Na so in yi wa taurin naman wayo, wayon ya ci ni. Daren Litinin na markaɗa ɗanyar abarba na jiƙa naman a ciki, na sa a firji, da nufin in ya kwana zai yi laushi. Ya yi, har ya wuce gona da iri. Jiya da na ɗaga yanka ɗaya, saman tsokar ya saɓule a yatsana kamar dafaffiyar kabewa. A kasko ya ƙi yin ja, a baki kuma wani gari-gari.

Akwai sinadarin buromelin a ɗanyar abarba, yana narkar da furotin, irin aikin da fafen yake yi a gwanda. Shi ya sa iyayenmu suke naɗe nama mai tauri a ganyen gwanda. Amma su na ɗan lokaci suke yi, ni na ba shi awa ashirin. Zafi yana kashe sinadarin, saboda haka abarbar da aka dafa a labu ba ta da wannan illa. Ɗanya kuwa ko minti 30 ta ishi yanka irin wannan.

An yi asarar nama takwas a wannan tsada. Na dagargaza shi na yi miyar taliya, ban gaya wa kowa asalinsa ba.

Talata, 6 ga Mayu

Na koma hanya mai sauƙi. Da asuba kafin in fita na barbaɗa gishiri, na jera naman a faranti ba rufi, na sa a firji. Gishirin yakan fara jawo ruwa waje, daga baya ruwan ya koma ciki da gishirin, saman kuma ya bushe, abin da kasko yake so ke nan. Fargabata ɗaya wuta. Da zafin Mayu, in aka ɗauke ta tun safe, nama ba zai kai yamma lafiya ba. Na jera robobin ƙanƙara uku a gefensa don ko-ta-kwana. An ɗauke ɗin kuwa, amma na tarar da shi da sanyinsa.

Na kuma gano taurin da naman ya yi mako biyu da suka wuce ba laifin ragon ba ne, ni ce nake wuce da shi. Na sayi ɗan ma'aunin zafi na kicin mai tsinke. Ma'aikatar Noma ta Amurka, tun 2011, shawararta ga yankan nama irin wannan ita ce cikinsa ya kai digiri 63, sannan a bar shi ya huta minti uku. Da na soka tsinken a irin suyar da na saba, ya nuna 78. Ashe ina matse ruwan naman ne da hannuna.

Na gwada yanka biyu a 63. Taushi kam ba a magana, wuƙa tana shiga kamar a man shanu. Amma cikin da sauran ja-ja, kuma da maigida ya yanka ya gani sai ya ture farantin.

"Wannan da jininsa."

"Ba jini ba ne, Abban yara. Jini ya fita tun wurin yanka. Wannan wani furotin ne mai riƙe iska a tsoka, mayogulobin, shi ke ba nama launinsa."

"Malama, a bar darasin sai gobe a aji. Mayar mini da shi wuta."

Na mayar. Gaskiya ni ma da na kalli jan sai da zuciyata ta ɗan tashi, duk da na san abin da na sani. Abin da mutum ya tashi da shi ba ya fita da karatu ɗaya. Kuma in aka duba yadda nama yake wuni a kan tebur a kasuwa, ban ga laifin wanda ya ce a dafa masa sosai ba. Mun tsaya a 70 zuwa 71: jan ya ɓace, ruwan bai gudu duka ba. Dabarar ita ce in kwashe a 65, tunda zai koma cikin labu ya ƙarasa, kuma ko bayan an sauke zafin cikinsa yana ci gaba da hawa.

Minti 42.

Talata, 13 ga Mayu

Hajiya, mahaifiyar maigida, ta zo ganin likitan ido, za ta kwana biyu. Na yi niyyar in tuƙa tuwo in rufa wa kaina asiri, babbar 'yata ta tona: "Hajiya, yau Talata, Umma za ta yi naman alewa."

"Naman me?"

Ba yadda na iya. Ta sa aka kawo mata kujera 'yar tsugunne bakin ƙofar kicin, ta zauna da carbinta, ido ɗaya a rufe da auduga, ɗayan yana kaina. Na soya naman ba ta ce uffan ba. Da ta ga na ɗauko mangwaro sai carbin ya tsaya.

"Ke 'yar nan, a cikin naman?"

"E, Hajiya. Da tsamiya."

"Ikon Allah. Miƙo in ji."

Na ɗiga mata labun a tafin hannu. Ta lasa, ta yi shiru tana motsa baki, ta sake lasa.

"Ba citta."

"Ban sa ba, Hajiya."

"To ai shi ya sa yake kamar abin yara. Rago yana da ƙarni, zaƙi kuma ba ya kashe ƙarni, ƙara fito da shi yake. Daka citta, ɗanya in kina da ita. Kanumfari ƙwaya biyu, kada ki wuce biyu. Kuma wannan man gyaɗar ya gama aikinsa, in za ki sauke ki jefa man shanu."

Abin da na yi mako uku ina lalube ke nan, ta gano shi da lasa biyu. Na kankare citta kamar rabin babban yatsa na goga, na jefa kanumfari, na bar su minti ɗaya a kitsen da naman ya bari kafin in zuba tsamiya. Ruwan tsamiyar ya ɗago duk jan da ya manne a gindin kasko, wanda a da nake ɗauka datti ne, alhali nan ɗanɗanon yake. Da labun ya yi kaurin da in na ja cokali a tsakiya hanyar ba ta rufewa nan take, na mayar da naman, na kashe wuta, na sa man shanu cokali ɗaya. Sai ga ƙyallin nan na hoton ƙanwata, wanda ban taɓa samu ba sai yau.

A wurin ci maigida ya so ya ja ta gefensa. "Hajiya, kun ga abin da ake ba mu yanzu, nama da zaƙi." Ta ce masa, "Kai da kake cinye kilishi leda guda? Ka zaci me ake sa wa labunsa, maɗaci?" Ta ba mu labarin yadda a gidansu ake ɗan sa mazarƙwaila a yajin wani gashi na musamman in an yi baƙi, abin da ɗanta bai taɓa ji ba.

Da ta gama ta ce, "Ba laifi." Sannan ta sa aka ajiye mata yanka ɗaya a kwano mai murfi, wai na safe.

Talata, 20 ga Mayu

Ba girki. Muna cikin jarrabawar WAEC, na wuni ina jera kwalabe da bututu a ɗakin gwaji, ƙafata ta kumbura. Gurasa aka sayo.

Talata, 27 ga Mayu

Mangwaro ya fara ja da baya, wanda ake samu ko ya lugwigwita ko tsutsa ta riga ni. Dole in nemi abin da zai riƙe girkin nan duk shekara. Na gwada dabino, busasshen nan da ake kawowa daga Nijar, guda shida, na cire ƙwallo na jiƙa tare da tsamiya a ruwan zafi, na markaɗa. Da dabino ba a bukatar zuma ko kaɗan, kuma yana ba da kauri da kansa, har sai da na ƙara ruwa. Launin ya fi duhu, ɗanɗanon ya fi nauyi. Maigida ya fi son wannan. Yara sun ce a dawo musu da mangwaro.

A rabin naman na gwada zoɓo maimakon tsamiya. Launin ya yi kyau ƙwarai, ja kamar garura, amma da ya ƙone ya yi kauri sai wani bauri ya fito wanda yake kama harshe. Wataƙila na cika shi ne. Na ajiye wannan gefe tukuna.

Bari in rubuta inda aka kwana, don kada in manta. Yanka takwas na gadon baya, kaurin yatsa biyu, gishiri tun safe. Da na shigo, tsamiya girman ƙwai da dabino shida a kofi ɗaya na ruwan zafi, naman kuma a fito da shi daga firji ya rage sanyi. In ɗora shinkafa, in yi sallah. Bayan sallah in tsattsaga zoben kitsen wuri biyu da wuƙa, in ba haka ba yana tsukewa ya lanƙwasa naman, tsakiyar ta daina taɓa kasko. Huɗu-huɗu nake soyawa, don na ga in na cusa takwas ɗin gaba ɗaya zafin kasko yana faɗuwa, ruwa ya taru, mu koma gidan jiya. Minti uku, a juya, minti biyu da rabi, sannan in tsayar da su a gefen kitse da cokali mai yatsu na minti ɗaya. In tsiyaye man in bar cokali ɗaya. Citta, tafarnuwa, kanumfari biyu, barkono. Labu, wuta ƙasa-ƙasa, minti huɗu. Nama ya koma da ruwan da ya tsatso a faranti, minti biyu ana juyawa. Kashe wuta, man shanu.

Minti 38, har da markaɗe. Karo na farko da na shiga cikin sharaɗi.

Litinin, 9 ga Yuni

An yi Babbar Sallah ranar Juma'a, 6 ga wata. Tun ana saura mako na kafa wa maigida sharaɗi: a yi duk abin da za a yi da ragon, a fitar da na sadaka da na dangi, amma gadon bayan nawa ne, kada adda ta taɓa shi. Shi da kansa ya sayo sabon zarto, ya wanke shi da ruwan zafi, ya tsaya a kan mai fiɗa yana auna masa da yatsu biyu. Mutumin da ya so kiran 'yan kwana-kwana.

Zumuɗi ya sa na soya yanka biyu a daren Sallar. Tauri kamar ana tauna takalmi. Na san dalili, na dai ƙi haƙuri ne: bayan yanka tsoka takan ƙage cikin 'yan awanni, sai a hankali take saki. Ba banza ba ake rataye ragon layya ya kwana kafin a taɓa shi. Sauran na bar su a firji har jiya Lahadi, an yi sa'a wuta ta zauna. Bambancin ya fito, duk da ragon uda ne babba, kuma maganar mahaucina ta tabbata, bai kai 'yankasan nan taushi ba. Sai da na bubbuga kowane yanka da bayan wuƙa.

Tunda ga gawayi a hure ana ta suya a tsakar gida, na gwada a kan waya. A nan ma dokar ba ta canja ba. Yankan farko na shafa labu da wuri, ya ɗiga a garwashi, wuta ta tashi ta lashe shi. Sauran na gasa su tsurarsu, sai a minti biyun ƙarshe na ja su gefen da garwashin ya yi sanyi, na shafa, na juya, na sake shafawa. Hayaƙin gawayi da tsamiya da dabino sun dace fiye da yadda na zata. Wan maigida ya tambaya a ina aka sayo. Matarsa ta biyo ni kicin da biro.

Sai dai wannan ba girkin Talata ba ne. Hura gawayi kaɗai ya cinye rabin lokacina.

Talata, 17 ga Yuni

Kowa ya gaji da nama, har yara. Na daskarar da yanka goma sha biyu, huɗu-huɗu a leda. Labun ma na dafa mai yawa na zuba a farantin ƙanƙara, in ga ko zai jure. In ya yi, daren Talata zai sauko wajen minti 25.

Abin da bai warware ba shi ne abokin ci. Farar shinkafa tana shanye labun ta bar naman tsirara, kuma ba ya isa ya zama miya. Dankalin Hausa zaƙi kan zaƙi ne. Soyayyar doya ta fi su, amma kasko na biyu ke nan. Hajiya ta aiko a waya cewa in gwada dambun shinkafa da zogale, ɗacin ganyen zai tsaya wa zaƙin. Dambu a daren aiki sai dai in turara shi tun Lahadi.

Ƙanwata ta ce ta nemo tsamiya a shagon Indiyawa, mahaucin halal na unguwarsu kuma dama a yanke yake sayar da gadon baya, ba ruwanta da aron zarto. Tana so in turo mata awo da giram. Ban taɓa auna tsamiyar nan ba, girman ƙwai kawai na sani. Gobe zan tafi da ita makaranta in ɗora a sikelin ɗakin gwaji kafin ɗalibai su shigo.